Na Ji daga Bakin Likita

A shekarun da muka samu mulkin kai ina koyarwa a wata firamare a Birnin Kebbi, ina kuma karatu ta gidan waya. Kafin a ba ni gurbi a jami'a sai na rubuta maƙala a kan adabin wata ƙasar Turai. Kowa ya ruga Ingila. Ni da iyayina na zaɓi Kuroshiya, wadda a lokacin ba ta zama ƙasa mai cin gashin kanta ba, don akwai wani likita mutumin can a Argungu, wanda ya taɓa ɗinke mini ƙafa.

Na birkice ɗakin karatun garinmu, ko sunan ƙasar ban gani ba. Sai na riƙa shiga motar 'yan albasa duk Asabar zuwa Argungu. Likitan yakan zauna bayan asibiti ya rera waƙoƙi da harshensu, ya fassara da Turancinsa mai ɗingishi, ina rubutawa. Yawancinsu a kan yaƙi ne da uwaye masu jira.

Mahaifina malamin zaure ne. A wurinsa karatu ba ya inganta sai ka faɗi wanda ya ba ka. Da na nuna masa aikin ya ce, "Wa yab ba ka?" Na ce likita. "Shi kuma wa yab ba shi?" Na tambayo, likita ya ce wansa. Saboda haka a ƙasan kowace waƙa na rubuta: na ji daga bakin likita, shi kuma daga wansa. Wallahi har alfahari nake yi.

Maƙalar ta dawo da jar tawada. Ba sunan littafi, ba shafi, ba maɗaba'a, wai wannan hira ce. Gurbin kuma an ba wani. Zuciya ta ɗebe ni, na haɗa maƙalar da littafin rubutuna na cusa a murhu, na tsaya har suka cinye.

Asabar na dira Argungu a fusace. Na ce, "Likita, ka cuce ni. Me ya hana ka gaya mini littafin da aka buga su?"

Sai ya ce, "Malam, babu littafi. Wana ne ya yi su. An harbe shi lokacin yaƙi, takardunsa suka salwanta. Ni kuma na fara mantawa, shi ya sa na ji daɗi da kake rubutawa. Don Allah ka adana su da kyau."

Kunya ta hana ni ɗaga kai. Na ce masa to.