Mutumin da ya hana ni rakiya

A unguwar Badi'a, can ƙasar Larabawa, na yi zaman ɗaki ɗaya da wani Ba'indiye. Kafil ɗinmu ɗaya, wato ubangidan da ya ɗauko mu aiki, ni direba, shi mai goge gilasan ofis a unguwar Ulaya. Larabcinmu duk na titi ne, amma shekara da shekaru faranti ɗaya muke ci. Ban da shi ba ni da abokin hira a garin nan.

Abu ɗaya ya hana ni, rakiya. Ko burodi zai sayo, in na zura takalmi zan taka masa, sai ya tsaya cak ya ce in koma. Na ɗauka wulaƙanci ne.

Wata Juma'a da muka sauko daga masallaci na tsare shi. Nan ya gaya mini ƙaninsa na kurkuku a can garinsu, ɗaurin rai da rai. An tsinci gawar abokin ƙanin a bakin rafi. Ba wanda ya ga kisan. Wani mai shayi dai ya ce ya gan su tare da yamma, ƙanin na raka shi. An san sun taɓa cacar baki kan iyakar gona. Aka kuma samu tawul ɗin da mamacin ke ratayawa a kafaɗa cikin ɗakin ƙanin. Alƙali ya ƙulla wannan da wancan, ya ce igiya ta haɗu, ba inda ta tsinke.

Na ce to wa ya gani da idonsa?

"Sadik, abokina, a wurinmu ba sai an gani ba," in ji shi. "Kai aka gani da shi a ƙarshe, kai za ka faɗi inda ka baro shi."

Na tambaye shi ko ƙanin ya aikata. Ya ce shi ma bai gani ba.

Danginsa sun ɗaukaka ƙara. Ya riga ya gaya mini in aka faɗi shari'ar zai koma gida ya riƙe matar ƙanin da yaransa, don haka duk sanda wayarsa ta yi kuka, ni ma sai in kasa kunne.

Babbar kotu ta bar hukuncin yadda yake. Ya nemi huruj, fitar da ba dawowa.

Ranar tafiya na ɗauko makullin mota zan kai shi filin jirgi. Ya karɓe ya mayar kan ƙusa.

"Zauna, sadik. Mun yi sallama a nan."

Na tsaya daga bakin ƙofa, ban ƙetare ba. Ya ja akwatinsa shi kaɗai cikin rana har ya sha kwana.