Da'irar Tsakiyar Fili

Shekara ashirin da bakwai Mai Layi ya yi yana zana babban filin ƙwallo na gari, har sunan ya danne na yanka. Kayan aikinsa igiya ce doguwa mai ƙulle-ƙulle, da turakun ƙarfe, da bokitin farin fenti, da buroshi ɗaure a jikin sanda. Ɗakinsa yana ƙarƙashin benen 'yan kallo, taga ɗaya, katifa ɗaya. Tun da matarsa ta rasu babu mai taka ƙofar sai Maigadi, amininsa, wanda kan zo shan shayi da hantsi.

'Yarsa tilo tana aure a wata ƙasa mai nisa. 'Ya'yanta biyu ba su san kakansu ba sai a hoto, hoton ma na katin aiki ne, wanda ya ɗaure fuska a ciki.

Sai ga labari cewa ƙasashe huɗu na yankin za su kara a filin, suna neman gurbi ɗaya a babbar gasar wasannin duniya da ake yi duk shekara huɗu, kuma za a nuna a talabijin har ƙasashen waje. 'Yar ta bugo waya tana murna.

"Baba, zan zaunar da su a gaban talabijin in ce ga aikin kakanku nan. Ka zana mana mai kyau."

Ya ce to. Bai gaya mata hannunsa ya soma rawa ba, har shayi yana zuba masa a riga.

Saura mako guda manajan fili ya kira shi ofis. Ya ce an ɗauko kamfani mai injin zane, don baƙin da za su duba filin ba sa wasa da ma'auni.

"Ka huta, Baba. Ka yi naka."

Mai Layi ya tsaya yana murza hula. "Ranka ya daɗe, a ba su layukan duka. A bar mini da'irar tsakiya kawai."

Manajan ya dubi hannun nan, ya kau da kai. "Idan ta karkace, shafe ta za a yi. Ban ɓoye maka ba."

Da sassafe suka fita shi da Maigadi, raɓa tana jiƙa musu ƙafafun wando. Mai Layi ya kafa turke a tsakiya, ya zarga igiya, ya ƙidaya ƙulli, ya dubi Maigadi.

"Kai tsoho, danne turken nan. In ka motsa, sai na shafa maka fenti a gemu."

"Gemun da ya riga fentinka fari? Yi aikinka, mai hannun kaɗa ganga."

Mai Layi ya ɗaure igiyar a sandar buroshi, ya tokare sandar da ƙugunsa don ta raba nauyi da hannun. Ya soma zagaye da baya-baya, taku uku sai ya tsaya ya numfasa. Abin da a da yake gamawa kafin ruwan shayi ya tafasa, sai da ya kai shi rana tsaka. Gwiwoyin Maigadi suka sage, amma bai saki turken ba. Inda fenti ya fara, nan ya dawo ya haɗu cif.

Baƙin suka zo da awonsu, suka auna ta gabas, suka auna ta yamma, suka wuce kan raga. Ba a shafe ta ba.

Ranar wasan farko aka raba katin shiga ga ma'aikatan kamfani, sunansa ba ya ciki. Maigadi yana bakin ƙofa da aiki. Mai Layi ya zauna shi kaɗai a ɗakinsa, dubban ƙafafu suna dukan rufin da ke kansa, wayar tana tafin hannunsa. An ci 'yan gida biyu da nema, bai ma tambaya ba.

Da la'asar wayar ta yi ƙara.

"Baba, mun gani! Daga sama suka nuno ta, kafin a take ƙwallo. Ƙaramar har ta bi ta da yatsa a jikin gilashi." Ta ƙara da cewa, "Sai dai tana ta tambaya, shi kakan yana ina?"

Ya yi dariya, ya share ido da bayan hannu. "Ki ce mata ina ƙasan masu ihun nan."

Bai ga ƙarshen daminar shekarar ba, Allah ya yi masa rasuwa. Ciyawa ta tashi, injin yanka ya bi ta kan da'irar sau uku, ta ɓace. An kwashe ɗakin aka zuba tsofaffin kujeru. Maigadi ya roƙi turken nan ɗaya aka ba shi, har yanzu da farin fenti a wuyansa. Yana ajiye da shi a ɗakin gadi, kusa da kofi na biyu. Allah ya jiƙan Mai Layi, ya sa ya huta.