Mai Labule da Goggon Sama

A garin da Mai Labule ta tashi, ba a nuna sama da yatsa. Akwai wata tauraruwa a tsaye a can, ja kamar garwashi, ko da rana tsaka ba ta faɗuwa, kuma tana da kunne. Ba a ambaton sunanta, sai dai a ce Goggo, yadda ake lallaɓa mafaɗaciyar tsohuwa a gida. Goggo na son labari. In ta ji muryar da ta yi mata daɗi, sai ta sauko da haskenta ƙofar mai muryar, ta jira. Duk abin da mutum ya faɗa cikin wannan haske ya zama nata, shi kuma ya manta shi har abada.

Shi ya sa labule ya fi burodi kasuwa a garin. Mai Labule ta gaji keken ɗinki daga mahaifinta, a wani ɗan shago mai warin man keke da sabon yadi. Shi ya koya mata ninka baƙin yadi, da toshe sawun allura da kaki don kada haske ya sami hanya. Mace ce mai ƙarancin magana, har ƙannenta kan ce da cokali take auna ta.

Sai Allah ya haɗa ta da mai askin tsallaken titi, wanda bakinsa bai san hutu ba. "Ke kin tara shiru, ni na tara surutu," in ji shi, "a haɗa a raba daidai." Suka yi aure, suka sami 'ya ɗaya.

Wata rana zafi ya ishe shi, ya ɗage labulen shagonsa don iska. Yana yi wa wani direba aski, yana ba da labarin yadda kakansa ya yi kokawa da jaki, masu jiran layi na ta ƙyaƙyatawa. Sai dariyar ta yanke. Jan haske ya kwanta a daɓe, ya hau ƙafar kujera. Direban ya fice da rabin kai a aske. Mai askin ya tsaya da aska a hannu, ya ce, "Me ma nake cewa?"

Mai Labule ta kulle shi a ƙuryar ɗaki, ta lulluɓe tagogi da yadi kan yadi. Goggo ba ta tafi ba. Ta tsaya a kan layin gidansu. Fenti ya fara ɓarewa daga bango, famfo ya koma zubo ruwan zafi, jarirai suka ƙi barci. Kwanon rufi yana wani gurnani ƙasa-ƙasa, kamar mai gyaran murya a bakin ƙofa.

Yayan mijin, mai gyaran famfo, ya zo ya tsaya a shagon yana murza hula.

"Ƙanwata, nono ɗaya muka sha da shi. Amma layin nan zai ƙone."

"To, Yaya, in buɗe ta cinye shi?"

"Ni ban ce ba," ya ce, idonsa a ƙasa. Bai kuma tafi ba.

Mai askin ya ji su. Da kansa ya yaye labulen. Kowace safiya yakan zauna gaban taga ya ba Goggo labari, ita kuma ta sassauta wa layin har gobe. Barkwancinsa ya fara ƙarewa. Daga nan ya shiga ƙuruciyarsa, sannan yadda ya koyi aski, washegari ya riƙe aska ta wajen kaifi. Ranar da ya dubi 'yarsa ya ce, "Yarinya, 'yar gidan wa ce?" Mai Labule ta ɗaure kayan yarinyar, ta aika ta wajen ƙanwarta a garin gindin duwatsu, inda gajimare ba ya yayewa. Ta dawo ta ja kujera kusa da shi.

"Matsa. Yau ni ce."

"Ke? Ke da gaisuwa ma ke miki wuya?"

"Matsa, na ce."

Ta fara da labarai masu ɗaci: jinyar mahaifinta, cikin da ya zube mata, wata baƙar magana da surukarta ta taɓa yaɓa mata. Goggo ta karɓe su tas. Abin da ya tsorata Mai Labule shi ne sakayau ɗin da take ji in ta tashi, har ta kama kanta tana ɗokin safiya. Da masu ɗacin suka ƙare, ta gwada ƙirƙiro labari. Hasken ya yi fari fat, gilashin taga ya tsage, girarta ta babbake. Ba ta sake gwadawa ba.

Suka riƙa karɓa-karɓa, yau shi, gobe ita. Suka yi alkawari ba za su taɓa ambaton juna a gaban taga ba. Suka yi shekaru a haka. Mai askin ya rasu bai san sunan uwarsa ba, amma da matarsa ta shigo ya gane ta, ya ce ta yi kyau.

Yanzu ta tsufa. Hannunta bai manta ɗinki ba, don ba ta taɓa zancensa a cikin haske ba. In an tambaye ta mahaifinta, sai ta ce, "An ce mutumin kirki ne." 'Yarta na aiko mata ta dawo wajensu, tana amsawa da cewa in ta tashi, wa zai zauna wa layin?

Kwanan baya ta ja kujerarta gaban taga, ba abin da ya rage mata sai labarin mijin. Ta buɗe baki, sai ta ga daɓen ba haske. Ta leƙa waje. Jan hasken ya rarrafa ya tsallaka titi, ya kwanta a ƙofar sababbin 'yan haya, inda wata malamar makaranta ke wanki tana rera waƙa, jaririnta goye a baya.

Mai Labule ta ɗauko labulen da ya fi kauri a shagon, ta saɓa a kafaɗa, ta tsallaka tana jan ƙafa.

"Sannu, Inna," in ji malamar da fara'a. "Ni kuwa ina so in ba ki labarin yadda muka..."

Tsohuwar ta sa tafin hannu ta rufe mata baki.