Shirun da Na Yi a Gaban Alƙali

A lokacin da Nasara ba su daɗe da karɓar ƙasar Sakkwato ba, ni matar wani ɗan kasuwa ce a Illela, mai safarar gishiri da kanwa tsakanin nan da Ƙonni. Ba mai dukiya ba ne, amma bai taɓa dawo mini hannu rabbana ba, ko da dabino ne ƙulle a bakin rawani. Ni kuwa kunya ta yi mini yawa, ko sunansa ban taɓa kamawa ba.

Sai tari ya kama shi, irin mai zuwa da jini. Da labari ya kai garinmu Kalmalo, mahaifina ya aiko a ɗauke ni kafin in kamu. Na ce wa 'yan aike ina nan tafe, alhali ba ni da niyya. Da suka sake dawowa, ni da hannuna na tokare ƙofar gida da icce. Mahaifina bai taɓa zaton 'yarsa za ta ƙi kiransa ba, sai ya ɗauka mijina ne ya tsare ni, ya kai ƙara wurin alƙali. Aka yi daidai da wani Bature ya zo rangadi, ya ce ba za a yanke maganar a bayan idona ba, a kawo ni a gan ni, a ji daga bakina. Da dogari ya zo, maigidana ya ce kada in ji tsoro, in faɗi gaskiya kawai, in dawo in dama masa kunun yamma. Na ce to.

A gaban alƙali aka zaunar da ni kusa da mahaifina, har ina jin numfashinsa. Tafinta ya tambaye ni ko tsare ni aka yi, ko da son raina nake zaune. Wallahi amsar tana bakina. To, amma ta yaya 'ya za ta buɗe baki a gaban ubanta ta ce mijinta take so? In kuwa na faɗa, na mai da tsohona maƙaryaci a bainar jama'a. Na ja mayafi, na sunkuyar da kai. Aka sake tambaya, sai hawaye. Alƙali ya san halin matanmu, ya so a sa wata tsohuwa ta tambaye ni a keɓe, amma Baturen ya ce ya ga abin da ya gani, tsoron miji ne ya rufe mini baki. Ranar aka wuce da ni Kalmalo, ban ko leƙa gidana ba.

Kafin gero ya nuna maigidana ya rasu. Ina cikin takaba maƙwabciyar da ta riƙa kai masa ruwa ta zo mini gaisuwa. Ta ce ya tambaye ta abin da na faɗa a gaban alƙali, ta gaya masa ban ce komai ba. Bai yi fushi ba, ya ce ai ya san kunyata, ya juya fuskarsa ga bango. Da zagina ya yi, da ya fi mini sauƙi.

Ba na ganin laifin mahaifina, tsoron rasa ni ya ji. Amma 'yan'uwana mata, kunya tana da muhallinta, kuma gaban shari'a ba ya ciki. In aka tambaye ki, ki faɗa da bakinki ko muryarki na rawa, don in kin yi shiru wani zai amsa a madadinki. Iyaye kuma, ku tambayi 'ya'yanku a keɓe kafin ku kai ƙara. Na tsufa yanzu, na dama wa 'ya'ya da jikoki kunu ba adadi, amma wanda ya roƙe ni guda ɗaya ban koma na dama masa ba.