Jar Kwat a Bakin Ƙofar Otal

Shekarar da gwamnati ta tsuke bakin aljihu, hukumar birni, wato council, ta sallame mu, mu injiniyoyin hanya. Na koma zaman gida a unguwarmu ta Aston. Matata nas ce, da sassafe take fita. Yara su tafi makaranta, a bar ni da bango. Namiji da ƙarfinsa yana gadin tukunya! Raina ya ɓaci ƙwarai a watannin nan.

Wani maƙwabcina ne ya kai sunana wurin masu ɗaukar 'yan cika fage, wato mutanen nan da ake gani a bayan jarumai a fim, ba sa cewa uffan. Na yi masa dariya, amma da aka kira ni Manchester ban yi wata-wata ba na hau bas. A rashin uwa akan yi uwar ɗaki.

Fim ɗin labarin wani ɗan wasa ne na zamanin da fim ba ya magana. Shekara da shekaru yana fitowa a sabis, ko ɗan sanda, ko direba, ba wanda ya riƙe sunansa. Da sauti ya zo aka ji muryarsa, sai aka daina kiransa. Ni jar kwat aka ba ni, in riƙa buɗe ƙofar otal, aikin kwana goma. Wata yarinya mai oba-oba a kafaɗa ta nanata mana doka ɗaya: a motsa leɓe, kada a fitar da sauti. Wanda aka ji muryarsa ya zama ɗan wasa, takardar aikinsa da kuɗinsa daban ne, su kuma ba su shirya wa wannan ba.

Kwana biyu ina buɗe ƙofa kamar bebe. Wallahi daɗi nake ji, ina da wurin zuwa.

A rana ta uku wata tsohuwa, wadda ke fitowa a uwar jarumin, za ta shige ta ƙofata. Sau tara ana maimaitawa. A na goma ƙafarta ta harɗe da darduma, ta yi taga-taga. Na tare ta.

"Sannu, Mama! Sannu!"

Da ƙarfi ya fita. To ina aka taɓa ganin babba ya yi tuntuɓe ka yi shiru? Tsohuwa ta matse hannuna tana murmushi. Mai ɗaukar sauti ya zare abin kunnensa. Ashe wannan ɗaukar ce darakta ya fi so, ga kuma muryata a tsakiya.

Yarinyar ta zo ta ce, "Ba laifinka ba ne, love. Za mu kira ka." Kafin in gama ɗaure takalmina na ga kwat ɗin a jikin wani.

Washegari a gida na zauna bakin taga, waya a cinya. Ba ta yi ƙara ba. Azahar ta wuce, la'asar ta wuce, su ma a ɓoye ake karatunsu. Da yamma matata ta dawo ta yi sallama. Na amsa, murya ta fito a dushe. Sai na tuna tun fitarta ban ce wa kowa komai ba.