Sama'ila Mai Ɗaukar Hannuwa

Kullum bayan sallar asuba Sama'ila yakan sauko bakin gulbi da kamara a wuya, ya tsuguna cikin laka kamar mai haƙar tana. Ya fi shekara ashirin yana haka a nan Gaya. Ba ya ɗaukar fuskar kowa, hannu kawai: na mai tuƙa jirgi, na mai bandar kifi, na 'yan dako masu sauke buhuna kusa da duwan, wato ofishin kwastan. Fim ɗinsa ba waƙa, ba soyayya, ba ko magana, sai ƙarar ruwa da nishin mai aiki.

An yi masa dariya har an gaji. Ni kaina Ɗan'azumi, da dorina ta kifar da jirgina na fito da ƙafata, da yunwa ta kwashe sa'o'ina ta bar ni tsaye, na gyara rawani a ɗauke ni, sai ya ce, "Baba, miƙo hannun."

"Fuskar fa? Muni ta yi maka?"

"Fuska ta iya ƙarya, Baba."

Na so in mare shi. Amma a tambayi kowa, duk fim ɗin babu hannun da ya kai nawa.

To, ga abin da ya rufe bakin gari. Shekarar babbar ambaliya ruwa ya ci Yacuba masunci, ba a ga gawa ba. Mutum ne da bai taɓa yarda an yi masa hoto ba. Matarsa Fatuma na da ciki a lokacin. 'Yar da ta haifa, Rahama, ta taso kullum tana tambaya, "Inna, yaya babana yake?" Uwa ba abin nunawa.

Labari ya kai kunnen Sama'ila, ga shi idonsa ya fara hazo. Duk da haka ya bi tsofaffin kaset ɗaya bayan ɗaya, sannan ya kira uwa da 'ya mangazar ajiyar shinkafa da la'asar, ya ja ƙofa, ya haska bango. Ina wurin. Hannuwa suka yi ta wucewa. Can Fatuma ta miƙe.

"Tsaya! Malam Sama'ila, tsaya nan!"

Wani bahago ne ke ɗinke taru, babban yatsansa a lanƙwashe.

"Shi ne. Wallahi haka yake ƙulli."

Yarinyar ta je ta ɗora tafinta a bango, ta duba, ta sake dubawa. "Inna, yatsana irin nasa ne."

Sama'ila, kai ne ka ƙwato wa marainiya abin da ruwa ya hana ta. Yanzu ido ya ƙi, ka rataye kamara, babu lambar yabo, babu wanda ya zo daga Yamai. To ni na zo. Ku samari masu yawo da waya a hannu, ku je ku zauna gabansa ku koya tun yana iya gane ku. Ni da ko dorina ban durƙusa mata ba, yau ga gwiwata a ƙasa. Na gode, Allah ya haskaka maka.