Salmanu da Akun Hajiya Barira

Wani dare na ji ƙara ta bayan bangon ɗakina a unguwar Al Nahda: ƙis, ƙis, kamar agogo mai shirin mutuwa. Na ɗauka aljani ne, har na yi murna, don tun zuwana wurin ɗana ban ji motsin ko guda ba a Dubai. Ashe akun maƙwabciyarmu Hajiya Barira ne ke numfashi.

Muryar marigayi mijinta na bakin akun nan. Kullum safiya sai ya ce, "Barira, shayi!" Kwana huɗu ke nan ya yi shiru.

Gari na wayewa muka kira Salmanu. Shekara goma sha tara yana bin motar farko zuwa wani asibitin dabbobi, ya wanke keji, ya riƙe kyanwa a yi mata allura. Ba likita ba ne. Amma Nasir mai tasi ya rantse ya ji likitan na tambayarsa, "Habibi, me ka gani?" Ran nan ne Salmanu ya gano ciwon cikin wani raƙumin tsere daga yadda yake niƙa haƙora.

Ya shigo, ko kejin bai taɓa ba. Ya zauna a ƙasa ya zuba ido, har shayina ya huce.

"Hajiya, dubi wutsiyarsa, sama, ƙasa. Da ƙyar yake jan iska. A ina kike sa turaren wuta?"

"Nan gindin kejin mana. Alhaji ya saba da shi."

"Alhaji dai, Allah Ya jiƙansa. Wannan huhunsa bai kai ɗan yatsana ba. Yalla, maza, sai wurin likita!"

Aka yi magani, kaskon turare ya koma baranda. Rana ta tara, jama'a, sai muka ji: "Barira, shayi!" Wallahi duk benen ya sha shayi ran nan!

Kai ne Salmanu, kunnen marasa baki! Kai ka koya mini cewa dabba tana faɗin ciwonta, mu ne masu gaggawa. Ƙarshen wata za ka koma Maigatari. Mun gode, Allah Ya saka. Ku masu kyanwa da tantabaru, ku yi irin nasa: kafin hannu, ku zauna ku duba.

Da ya zo sallama, ya gaya wa Hajiya aku kan kai shekara hamsin in an kula da shi. Ta daɗe tana kallon kejin.

"To Salmanu," in ji ta, "in na riga shi, wa zai riƙa amsa masa?"